TALIYAR SIN DA TALIYAR MURJI: SANA'AR DA MATAFIYI ZAI IYA ƊAUKOWA A HANNUNSA

Kowane mako, idan kasuwar shanu ta Fataskum ta ci ran Laraba, manyan motoci sukan kama hanyar Kurmi maƙare da shanu, waɗansu su nufi Ikko, waɗansu Badun, waɗansu kuwa Anaca ko Fatakwal. Wannan hanya ita ce samari ke bi daga cikin gari da garuruwan kewaye irin su Danchuwa, su tafi cin rani. Da yawa daga cikinsu in sun sauka, sana'ar da ta fi saurin karɓarsu ita ce teburin shayi, kuma kowa ya sani a yau teburin shayi ba ya cika sai da taliyar leda da ƙwai.

Har ila yau akwai waɗansu 'yan Arewa da tafiyarsu ta zarce Kurmi. Su ne fataken zamani masu zuwa ƙasar Sin sarin kaya, musamman biranen Guangzhou da Yiwu. Waɗannan in yunwa ta kama su a can, sau da yawa shagon Musulmin Sin suke nema, inda za a ja musu taliya da hannu a gabansu, a zuba mata romon naman sa. Suna ci, suna yabawa, su dawo gida da kwantena cike da takalma da yadi da wayoyi. Amma da wuya a sami wanda ya ce bari ya ware kwana biyu ya sa hannu cikin kwaɓin nan ya ga yadda ake yi. Kaya dai in an sayar sun ƙare, sai an koma an saro. Sana'ar da ta shiga hannu kuwa ba ta biyan kuɗin kwastan, kuma ba ta ƙarewa.

ASALIN TALIYAR LANZHOU

Taliyar da ake magana a kanta sunanta lamiyan a bakin mutanen Sin, wato taliyar ja. Wadda ta fi suna ita ce ta birnin Lanzhou, hedkwatar lardin Gansu a arewa maso yammacin ƙasar, a bakin babban kogin nan da ake kira Rawayan Kogi. Yanki ne mai ƙarancin ruwan sama, mai ƙura da sanyi, kuma Musulmi 'yan ƙabilar Hui suna da yawa a cikinsa. Labarin da ya fi shahara shi ne, wani Musulmi mai suna Ma Baozi ne ya fito da wannan irin dahuwa a shekarar 1915. Da talla ya fara, yana saɓa kayansa a kafaɗa yana bin tituna, kafin daga baya ya sami shago. Ke nan shi ma daga inda mai shayi ke farawa ya fara.

Mutanen Lanzhou suna da ƙa'idodi biyar da suke auna kwanon taliya da su. Na ɗaya, romo ya zama garau, ba gurɓatacce ba. Na biyu, a ga farin wata saiwa mai kama da karas da ake yankawa fale-fale. Na uku, a ga jan barkono da aka soya cikin mai. Na huɗu, a ga koren ganyen tafarnuwa da wani ɗanyen ganye mai ƙamshi. Na biyar, ita kanta taliyar ta yi ruwan ɗorawa. Kwanon da ya rasa ɗaya daga cikin biyar ɗin nan bai cika ba a wurinsu.

Taliya kuwa tsohuwar abinci ce a wannan yanki. A shekarar 2005 masu binciken kayan tarihi suka ba da labarin wani kwano da aka tono a kife a wani wuri da ake kira Lajia, cikin lardin Qinghai mai maƙwabtaka da Gansu, da sauran taliya a ƙarƙashinsa wadda ta kai shekara 4,000. Masu binciken sun ce da wani irin gero aka yi ta. Amma taliyar ja ta yau sai da alkama, domin alkama ce ke da danƙon da zai sa kwaɓi ya miƙe bai tsinke ba. Gero da dawa ba su da wannan danƙo, shi ya sa ake tuƙa su ko a dama su, ba a jan su.

YADDA AKE KOYO

A biranen Sin da baƙi ke yawan zuwa, irin su Xi'an da Beijing, akwai ɗakunan girki da ke karɓar matafiya su koya musu yin taliya cikin sa'a biyu ko uku. A Lanzhou kuwa akwai makarantu sosai na wannan sana'a, inda ake yin makonni ko watanni, har da baƙi daga ƙasashen waje suna zuwa. Daga Guangzhou zuwa Lanzhou tafiyar kamar sa'a uku ce a jirgin sama. Ko a ɗan gajeren darasi, ko a dogo, ba zama ake yi ana kallon allo ba. Malami zai ba kowa tebur da fulawa da ruwa, ya ce bismilla.

Da farko za a auna fulawa mai ƙarfin danƙo, a sa ɗan gishiri, a zuba ruwa kamar rabin nauyin fulawar ko ɗan fiye da haka. Ba a tuttula ruwan gaba ɗaya, kaɗan-kaɗan ake yayyafawa ana cuɗawa. Daga nan sai murza. Nan ne gumi ke fita, don kuwa za a danna da tafin hannu, a naushe da dunƙulen hannu, a ninke, a sake dannawa, har kwaɓin ya yi sumul. Sai a rufe shi a bar shi ya huta. Mai gaggawa a nan yake faɗuwa, gama kwaɓin da bai huta ba taurin kai gare shi, ana ja yana komawa.

In ya huta, sai a shafa masa ruwan wani sinadari da suke kira penghui. Asalinsa toka ce ta wani tsiro na jeji da ake ƙonawa, ko da yake a yau galibi na kamfani ake amfani da shi. Shi ne ke taimaka wa kwaɓin ya saki jiki, ya kuma ba taliyar launinta da ɗan taurin nan mai daɗin tauna. Sa'an nan a riƙa miƙa kwaɓin, ana lilo da shi ana murɗe shi kamar mai tufkar igiya, har ya zama ana ja yana bi. Sai a yanka shi gunduwa-gunduwa, kowace gunduwa kwano ɗaya, a shafa mai, a birkiɗa cikin gari.

To, ja ɗin shi ne abin kallo. Mai ja zai kama bakin gunduwar biyu ya buɗe hannuwansa, ya ninka, ya saƙala yatsa a tsakiya, ya sake buɗewa. Kowane ninki yana ruɓanya yawan silin: 2 su zama 4, su zama 8, su zama 16. Ninki bakwai ya ba da sili 128, na takwas ya ba da 256. Gwani yakan gama kwano guda cikin 'yan daƙiƙoƙi, ya jefa cikin tafasasshen ruwa, kafin minti ɗaya ko biyu ta nuna. Mai saye kuma shi ke faɗin irin wadda yake so, ko siririya kamar gashi, ko matsakaiciya, ko mai faɗi kamar ɗamara.

Sabon shiga kuwa, a ninki na uku ko na huɗu taliyar ke tsinke masa, wani sili ya yi kauri kamar yatsa, wani ya yi kamar zare. Haka kowa ke farawa. Abin da darasin sa'a uku ke ba mutum shi ne hannunsa ya san bambancin kwaɓin da ya isa ja da wanda bai isa ba, kuma wannan ba a samunsa da ji ko da kallon hoto a waya. Sauran kuwa maimaici ne, buhu bayan buhu. Shi ya sa yawancin masu koyar da baƙi sukan fara da mai faɗin, irin ta Xi'an, wadda ake ja ana buga ta a kan tebur, don ita ko ran farko mutum na iya yin wadda za ta ciwu.

Romon ma darasi ne mai zaman kansa. Ƙasusuwan sa da nama ake jiƙawa a ruwan sanyi jini ya fita, a ɗora a wuta marar ƙarfi na sa'o'i masu yawa, ana kwashe kumfa, a sa citta da kirfa da kanumfari da sauran kayan ƙamshi. Duk wanda ya taɓa dafa romon ƙashi ko farfesu ba zai ga baƙon abu a nan ba.

ABIN DA AKE DA SHI A GIDA

Mai karatu da ya tashi a Arewa ya riga ya san taliya tun kafin ta leda ta zo. Alkama da abincinta, irin su gurasa da alkaki da alkubus da taliya, sun daɗe a ƙasar Hausa da Barno, kuma ana danganta shigowarsu da Larabawan Tarabulus da Gadamas masu fataucin hamada, waɗanda suka zauna a unguwannin Kano irin su Dandalin Turawa da Alfindiki. Baturen nan matafiyi ɗan Jamus, Heinrich Barth, wanda ya iso Kano da Kukawa a 1851, ya rubuta cewa ya ga ana noman alkama da albasa a ƙasar Barno.

Taliyar murji ita ce ta asali. Mata kan zauna da kwaɓi, su tsakuro kaɗan, su murza da yatsu ya fita siriri, su jera a faifai ya bushe, sa'an nan a turara ko a dafa. Aiki ne mai cin lokaci, shi ya sa ta zama abincin biki da na babban baƙo. Daga baya ƙaramin injin nan na juyawa da hannu ya shigo, mata suka riƙa yin taliyar Hausa suna shanyawa a igiya, yara na talla, ana ci da manja da yaji ko a haɗa da wake. A gidajen ƙasar Fataskum, kamar sauran garuruwan Arewa, wannan sana'a ta rufa wa mata da yawa asiri. Hannun da ya iya wannan kwaɓi ya riga ya yi rabin tafiya.

In aka duba sauran kayan aikin, abin mamaki ne yadda Jihar Yobe, wadda aka cire daga Jihar Barno a ran 27 ga Agusta, 1991, ta tara su. Nama da ƙashi ga su a kasuwar Fataskum, wadda ke cikin manyan kasuwannin shanu na Afirka ta Yamma. Barkono da tattasai ga su a fadamun Gashuwa. Alkama tana yi da rani a bakin kogin Yobe da ƙasar Haɗeja da Kadawa da yankin Tabkin Cadi. Toka da kanwa kuwa babu ɗakin girkin da ba a san su ba. Ruwan tokar da mata ke tacewa don miya shi ne ya fi kusa da penghui na asali. Kanwa danginsa ce, amma ba ɗaya suke ba, tana kuma zuwa da yashi da ƙasa, don haka sai an jiƙa an tace, an gwada kaɗan-kaɗan. In ta yi yawa taliya za ta yi ɗaci, kuma ba ta da kyau ga ciki.

Inda gizo ke saƙa shi ne alkama. Mafi yawan wadda kamfanonin fulawa ke niƙawa daga waje ake shigo da ita. Gwamnatin Janar Ibrahim Babangida ta hana shigo da alkama a 1987 don a ƙarfafa noman gida, manoman Arewa suka duƙufa, amma aka ɗage hanin a 1992. Tun daga nan farashin fulawa yana bin farashin dala. Duk mai shirin shiga sana'ar taliya dole ya sa wannan cikin lissafinsa.

'YAN CI-RANIN HUALONG

Akwai wani labari daga Sin da ya kamata mazauna Kurmi su ji. Galibin shagunan taliyar ja da fatake ke gani a biranen kudancin Sin ba mutanen Lanzhou ne ke da su ba. Da yawa na mutanen wata gunduma ce mai suna Hualong a lardin Qinghai, ƙasa mai duwatsu da fari, wadda talauci ya yi wa katutu. Wajen ƙarshen shekarun 1980 waɗansu Musulmi daga can suka gangara birnin Xiamen na bakin teku, suka iske Musulmi baƙi na wahalar samun abincin halal, suka buɗe 'yan shagunan taliya. Da abin ya karɓe su, sai suka aika gida aka turo ƙanne da 'ya'yan 'yan'uwa.

Tsarinsu mai sauƙi ne. Yaro zai fara da wanke kwanuka da kai abinci, ya koma murza kwaɓi, ya zama mai ja, in ya tara jari dangi su cika masa ya buɗe nasa a wani gari. Daga baya hukumar yankinsu ta shigo da horo da rance. A yau shagunansu dubbai ne, a warwatse cikin ɗaruruwan birane, kuma kuɗin da suke aikawa gida ya canja fuskar ƙauyukansu. Mutanen arewa ne masu neman abinci a kudu, baƙi a harshe da al'ada, daidai da ɗan Danchuwa a Agege ko Mile 12 ko Sabon Badun. Abin da suka riƙe shi ne, abin da suke sayarwa hannunsu ne ya yi shi, tun daga gari har kwano.

Mai shayi kuwa taliyar wani yake dafawa. Taliyar leda wani Bajapane mai suna Momofuku Ando ne ya ƙago ta a 1958. Indomie, wadda asalinta daga Indunusiya ne, ta shigo Nijeriya a ƙarshen shekarun 1980, aka kafa masana'antarta a Ota ta Jihar Ogun a tsakiyar shekarun 1990, har ta kai Nijeriya ce kan gaba a Afirka wajen cin irin wannan taliya. Masu shayi na cikin waɗanda suka kai ta kowane lungu. Amma farashin katan ba a hannunsu yake ba, kuma abin da Malam Wane ke dafawa shi ne na kusa da shi ke dafawa, don haka babu abin da zai sa mai saye ya tsallake tebur uku ya zo na huɗu.

Tsire da kilishi sun isa misali. Mutanen Kudu ba su gaji suya ba, mahautan Arewa ne suka koya musu ci, har ta zama babu unguwar da za a rasa tukuba da dare. Abin da ke jan mutane ga mai tsire, ban da ƙamshi, har da ganin ana yi a gabansu. Taliyar ja ma haka take. Kuma mutanen da suka saba da farfesu da yaji mai zafi ba za su ƙi romon sa da soyayyen barkono ba.

GARGAƊI GA MAI NIYYA

Wanda zai shiga darasin girki a Sin, ya fara tambaya ko ɗakin girkin na Musulmi ne, domin a sauran wurare naman alade da kitsensa da giyar girki abubuwa ne na yau da kullum. Kalmar halal a can ita ce Qingzhen. A da akan ga rubutun Larabci a allunan shaguna, amma tun wajen 2019 hukumomi suka sa aka cire shi a wurare da yawa, saboda haka yana da kyau matafiyi ya sa a nuna masa yadda ake rubuta kalmar da baƙaƙen Sin, ya ajiye hoton a wayarsa. Ya kuma nemi tafinta, don yawancin gwanayen ba su jin Turanci.

Wanda kuma ke son karatun makonni, kada ya dogara da bizar da ya shiga da ita sarin kaya. Ya tambayi ofishin jakadancin Sin a Abuja ko ƙaramin ofishinsu da ke Ikko tun kafin ya tashi. Wuce wa'adin biza a can laifi ne mai jawo tara da tsarewa da kora. Hanyar dai ba sabuwa ba ce: Nijeriya da Sin sun ƙulla hulɗar jakadanci tun ran 10 ga Fabrairu, 1971, gidan rediyon Sin ya fara magana da Hausa tun 1963, kuma babbar kasuwar baje kolin Guangzhou, wadda aka fara a 1957, tana ci sau biyu a shekara. Falken da ya je baje koli yana da 'yan kwanakin jiran kaya da zai iya amfani da su.

Ba kowa ke da halin zuwa Sin ba, wannan gaskiya ne. To, hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Ƙungiyoyin 'yan gari ɗaya da ke Kurmi, da na masu shayi, da na 'yan kara, suna tara kuɗi don biki da rasuwa da belin wanda aka kama. Ba zai gagare su ba su haɗa wa yaro ɗaya mai natsuwa guzuri, ya bi wani falke amintacce, bisa sharaɗin in ya dawo ya koya wa goma. Kafin nan ma, a Ikko da Kano akwai masu dafa abinci 'yan ƙasa da suka yi aiki a gidajen abincin Sinawa da kamfanoninsu, waɗanda za a iya neman su koyar. Jami'ar Legas da Jami'ar Nnamdi Azikiwe ta Awka kuma suna da cibiyoyin koyar da harshen Sin.

Kada kuma a manta da iyaye mata da ke gida. Motocin da ke kai shanu da wake da tattasai Kurmi za su iya kai busasshiyar taliyar Hausa, in an shanya ta inda ƙura da ƙuda ba sa kaiwa, an ɗaure ta cikin leda mai tsabta, an kuma nemi rajistar hukumar NAFDAC idan abin ya girma. Ɗan ci-ranin da ya aika wa mahaifiyarsa ko matarsa injin taliya da buhun fulawa, ya kuma zama shi ne dillalinta a Kudu, ya buɗe wa gidansu ƙofa biyu ke nan.

Marigayi Alhaji Abubakar Imam, da ya dawo daga Ingila a 1943, ya sa wa littafin tafiyarsa suna Tafiya Mabuɗin Ilmi. Sanannen zance ne kuma a ƙasar Hausa cewa a nemi ilmi ko da a birnin Sin ne. Yau ga birnin Sin ya zama wurin da 'yan Kantin Kwari da 'yan Alaba ke zuwa kamar kasuwar ƙauye. Saura a sami waɗanda za su naɗe hannun riga su tsaya gaban teburin kwaɓi. Allah Ya ba mai nema sa'a, Ya mai da matafiya gida lafiya.